Wata Ashirin da Biyu

Ottumwa, Iowa
9 ga Maris

Yayana Wendell,

Gaisuwa mai yawa da fatan kana lafiya, kai da Marlys. Yaya gwiwar taka da sanyin Alaska?

Sati uku da binne Mama, sai ga takarda daga gwamnatin jiha. Da ta'aziyya suka fara. Daga nan suka ce shekara huɗun da ta yi a gidan jinyar tsofaffi sun ci dala dubu ɗari biyu da sha ɗaya, kuma daga abin da ta bari za su cire. Ka san abin da ta bari: gidan nan da nake ciki. Na karanta sau biyu, na liƙa a jikin firij, na ci gaba da fere dankalina.

Ni na sa hannu a fom ɗin ranar da aka kwantar da ita. Ban karanta ba.

Ƙanwarka,
Loretta

2 ga Mayu

Yaya,

Ina fata wannan ta same ku lafiya. Na ga lauya. Ya ce da na cika shekara biyu ina jinyar Mama a gida kafin a kai ta gidan tsofaffin, da an bar mini gidan nan. Muka lissafa, wata ashirin da biyu na yi.

Maƙwabciyarmu Vernice ta ce, "Ke ma dai, ƙara biyun mana, wa ya ƙirga?" Na ce mata takardar hayar ɗakin da na bari na dawo wurin Mama ta ƙirga.

Ka tuna ranar da na kira ka na ce bayana ya gaji, ba na iya ɗaga ta? Ba laifinka nake gani ba. Nawa ma ban gani ba. Ina ta jiran kuka, shiru.

Kada ka turo kuɗi, ba za su kai ko'ina ba.

Taka,
Loretta

20 ga Agusta

Yaya Wendell,

Barka da aiki, a gaida Marlys. An sayar da gidan. Na kama ɗaki a saman shagon wankin da nake aiki. Kayan kafintancin Baba suna hanya zuwa gare ka.

Jiya da yamma na fita sayen burodi, ban ankara ba sai ga ni a ƙofar gidan Mama, har na kashe mota ina laluben makulli. Wata mata ta leƙo ta tagar kicin, ta ɗaga mini hannu. Ni ma na ɗaga mata.

Ka huta lafiya.

Ƙanwarka,
Loretta