Mataki Hamsin da Ba na Baba Ba

Birnin Kudu,
Laraba, 18 ga Satumba.

Zuwa ga Yayana Muhyiddeen,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina miƙo maka gaisuwa ta girmamawa da ta kewa, ina roƙon Allah ya sa takardar nan ta iske ka cikin ƙoshin lafiya, kai da Anti Murja da 'yata Ummussalma. Ya aiki, ya ruwan Fatakwal? Allah ya tsare mana ku a inda kuke. Mu nan sai godiya. Inna lafiyarta lau in ka ɗebe gwiwar nan da ba ta barinta ta huta. Ƙanwarmu Khuzaima ta koma makaranta, ta ƙara tsawo ta ƙara baki. Ni ma ina nan ina fama da ɗalibaina na Islamiyya. Damina ta yi kyau, har Kawu Maikuɗi ya aiko daga Basirka cewa riɗin Baba ya kusa isa yanka.

Za ka yi mamakin ganin takarda a hannun Hambali direba alhali kullum muna waya. Dalili shi ne duk sanda ka kira, Baba yana kusa, kunnensa kuwa ciwo bai taɓa shi ba. Kuma maganar da zan faɗa maka na gwada faɗinta da baki sau biyu, harshena ya ƙi. Ka zauna ka karanta har ƙarshe kafin ka yi fushi, don na san ka.

Ka tuna bayan Baba ya samu shanyewar ɓarin jiki, likitan gashin ƙashi ya ce a samar masa abin da zai riƙa motsa yatsun hannunsa na dama, kai kuma ka aiko da gem ɗin hannu na Ummussalma, mai ɗan mutumin nan da ke gudu yana tsallake ramuka. Da farko Baba cewa ya yi shi ba yaro ba ne. Bayan kwana uku sai ga shi a kan tabarma da tabarau a hanci, yana yi wa ɗan mutumin faɗa. Ka kuma tuna ranar da ya dame ka da maganar babur ɗinsa, ka ce masa ta waya duk ranar da ya kai mataki na hamsin, Inna ta ba shi makullinsa. Na san lallashi ka yi niyya, kana ganin hamsin ɗin nan sai baɗi. Amma Yaya, ka manta wa kake yi wa alkawari. Baba ya sa ka maimaita a gaban Inna, ya riƙe maganar kamar an rubuta a kotu.

Matakai shida na farko shi ya ci su da hannunsa. A na bakwai ya maƙale. Akwai wani rami mai faɗi da sai an danna maɓallin dama da sauri sau biyu, babban yatsansa kuwa ba ya ɗagowa da wuri. Kwana shida yana faɗawa ramin nan. A rana ta shida na kawo masa kunu bayan Azahar, na ga ya juyar da fuska bango yana share ido da hannun riga. Yaya, ban taɓa ganin hawayen Baba ba, ko ranar da aka kwantar da shi a asibiti. Da barci ya ɗauke shi, gem ɗin yana kan ƙirjinsa, sai na zare a hankali na tsallake masa ramin, na mayar. Da ya farka ya duba, ya tambaye ni ko ashe ya wuce kafin ya yi barci. Ka san tun ciwon nan yakan manta abin da ya yi ɗazu. Na ce masa ya wuce. Murnar da ya yi ranar, har tuwo ya ƙara. Daga nan na mayar da abin sana'a, duk kwana biyu ko uku in ƙara masa ɗaya. Na ce a raina in ya kai wajen arba'in zan tsaya.

Abin da ban sani ba, ba ni kaɗai ce mai tausayi a gidan nan ba. Ina lura lambar tana gudu fiye da lissafina, ni kuwa wawiya sai na riƙa murna, ina cewa lallai hannun Baba ya fara dawowa. Laraba waccan na dawo daga Islamiyya na tarar da Khuzaima a bayan ɗakin girki, gem a hannu, Inna a tsaye tana yi mata gadi. Ashe Inna ce ke ɗauko shi a ƙarƙashin mayafi ta kai mata, wai ba za ta iya kallon mijinta yana shan kashi a hannun abin wasan jikarsa ba. Su ma suna zaton su kaɗai ne. Na karɓe na duba. Khuzaima ba ta ko kallon lamba, wasanta kawai take ci. Hamsin cif, har da wasu taurari suna ta walƙiya. Kafin mu san abin yi muka ji muryar Baba daga ɗaki yana tambayar wa ya ɗauke masa abinsa.

Ba zan iya kwatanta maka yammacin nan ba. Baba ya sa aka kira maƙwabcinmu Malam Zulkifli ya zo ya gani da idonsa. Ya sa Inna ta buɗe kwallarta ta ciro makulli, ta miƙa masa. Ya aika aka kira Ɗanbala bakanike ya canza fulogi ya ƙara iska. Sannan ya sanar cewa ranar Juma'a da sassafe zai hau babur ɗinsa shi kaɗai, ya bi ta Gwaram, ya yi sallar Juma'a a Basirka, ya ga riɗinsa kafin a yanke. Kai ma da ka kira ranar ka yi ta kabbara a waya, ni kuwa ina gefe kamar in nutse. Ka san hanyar nan da manyan motoci, ga ruwan sama da bai ɗauke ba. Kuma hannun daman nan shi ne na totur, shi ne na birki.

Ranar Alhamis da safe kofin koko ya suɓuce daga wannan hannun ya kife a tabarma. Baba ya yi dariya ya ce santsi ne. Mu uku muka haɗu a ɗakin girki kamar ɓarayin da suka rasa hanyar fita. Inna ta ce a zare makullin daga aljihunsa a ce ya faɗi. Na ce Ɗanbala zai haɗa masa waya cikin minti biyar. Khuzaima ta ce a goge wasan gaba ɗaya a ce na'urar ce ta lalace, har ta nuna mini inda ake gogewa. Ba zan ɓoye maka ba, na riƙe abin a hannuna na daɗe ina kallon wurin. Amma me zai hana shi tafiya? Ya riga ya ga hamsin, yana da shaida, makulli yana aljihunsa. Sai Inna ta ce a je a roƙi Malam Zulkifli ya yi masa magana, tunda ba tarbiyya ba ce 'ya ta tsaya gaban ubanta ta ce masa bai iya ba. Wannan ma na ƙi. Mutumin da Baba ya kira ya yi wa alfahari jiya, shi za mu aika ya gaya masa matan gidansa ne ke yi masa wasa? Gara abin ya tsaya a cikin gida. Ni na fara, ni zan faɗa.

Bayan La'asar na shiga na durƙusa. Ka san saboda sunan mahaifiyarsa da nake ɗauke da shi ba ya kirana sai da Uwata. Ya ce Uwata me aka samu. Na sunkuyar da kai na faɗa masa komai, tun daga ramin mataki na bakwai. Ban san inda na samu ƙarfin ba. Bai katse ni ba. Da na gama ya tambaya, a cikin hamsin ɗin nawa ne nasa. Na ce shida. Ya maimaita, shida. Ya ɗaga murya kaɗan ya tambayi Inna da ke laɓe a bakin ƙofa ko har da ita. Ya ce wato wata uku ana kallonsa yana murna kamar yaron da aka ba alewa. Wallahi Yaya, da ya zage ni ko ya ɗaga mini hannu da ya fi mini sauƙi.

Sai ya ce in nuna masa inda ake gogewa, ba ya son kayan wani a cikin nasa. Na nuna masa. Ashe na'urar ba ta yarda a goge da wasa. Sai an danne maɓalli biyu tare, na hagu da na dama, a riƙe har wani jan layi ya cika. Baba ya ɗora yatsunsa. Layin ya taso, bai kai rabi ba yatsan dama ya zame, layin ya koma. Ya sake, ya zame. Ya sake na uku, jijiyar wuyansa ta miƙe, gumi ya tsattsafo masa, ya zame. Ban san sanda na miƙa hannu ba. Ya janye abin, ya ce daga yau babu hannun da zai sake taɓa shi in ba nasa ba. Ya ce in tashi in ba shi wuri. Bai ce Uwata ba, cewa ya yi ke. Kuma bai ce uffan a kan tafiyar gobe ba, makulli kuwa yana nan a aljihunsa.

Ranar Juma'a da ya dawo daga sallar Asuba bai shigo cikin gida ba, ya tsaya a zaure inda babur yake. Muka taru a bayan ƙyaure muna leƙe ta tsaga, Inna tana jan carbi, Khuzaima ta riƙe mini zani. Na riga na yanke a raina in ya tayar da shi zan fita in kwanta a gaban taya, duk abin da unguwa za ta ce ta ce. Muka ga ya hau da ƙyar. Ya sa makulli. Ya ɗora hannun dama a kan birki ya matsa. Yatsu biyu suka kama, sauran suka ƙi lanƙwasa. Ya saki ya sake matsawa, ya yi ta yi, ni dai na daina ƙirgawa. Ya daɗe a zaune a kan babur ɗin yana kallon ƙofar waje, gari yana ta wayewa, masu tafiya gona suna wucewa. Daga baya ya zare makullin ya sauko. Muka watse kowa ta kama abin da ba ta yi niyya ba, ni tsintsiya na ɗauka a juye. Ya wuce mu bai kalli kowa ba, ya shiga ɗakin Inna, muka ji ƙarar makulli a cikin kwalla.

Kwana huɗu ba ya yi mini magana. In na kai abinci sai ya nuna ƙasa da haɓa. Amma kullum bayan Azahar ina jin ƙaramar ƙarar na'urar, ya danne, layi ya koma, ya danne, layi ya koma. Ya daina barcin rana, ko kuma in zai yi sai ya tura ta ƙarƙashin matashi ya ɗora kai. Jiya Talata ina wanke-wanke na ji ya ce Uwata. Na yar da kwano na ruga. Ya juyo mini da fuskar gem ɗin. Babu hamsin, babu taurari, ɗan mutumin yana tsaye a farkon hanya, lamba ɗaya a samansa. Yatsan Baba yana ta rawa, farcen har ya yi fari don dannawa. Na fashe da kuka, ya ce in rufe masa baki in kawo ruwa.

To Yaya, ga abin da nake roƙonka. Kada ka sake ɗaura makullin nan a kan wata lamba, ka bar likita ya duba hannun ya faɗi gaskiya. In ka kira, kada ka nuna masa tausayi, yanzu ba abin da ya tsana kamarsa. Kuma ka taya ni ba shi haƙuri, don ya kira sunana amma har yanzu ba ya haɗa ido da ni. Ni ma ka yafe mini kabbarar da na bari ka yi a kan ƙarya. Maganar riɗi kuwa, Kawu Maikuɗi zai yanke, ranar Asabar kuma ni da Baba za mu je a motar haya ya gani.

Ka gaishe mini da Anti Murja da kyau. Ka shafa mini kan Ummussalma, ka ce mata kayanta sun zama na kakanta, kada ta sa rai. Inna tana gaishe ku tana sa albarka. Khuzaima ma tana gaisuwa, an hana ta ko kallon inda gem yake.

Ina cikin naɗe takardar nan Baba ya tambayi wa nake rubuta wa. Da na faɗa masa sai ya ce in buɗe in ƙara layi ɗaya, kuma kada in ƙara ko in rage. Ya ce in gaya wa Muhyiddeen yana mataki na biyu, kuma nasa ne.

Wassalam. Ni ce ƙanwarka,
Sharifa Balarabe.