Sai Sunanka Ya Fito Farko, Yaya Ummaru

Assalamu alaikum wa rahmatullah, Yaya Ummaru. Gaisuwar ƙane zuwa ga wansa, da fatan makwancinka na da sanyi. Ka san ni da alƙalami ba mu taɓa shiri ba. Ina faɗi ne ana rubutawa.

Kwanan baya ina gidan ɗiyata a Arkilla anka kunna fim ɗin faɗa na mutanen Koriya. Faɗan bai dame ni ba, ai mun ga hannu a filin dambe. Mijinta nat tambaya, wa ke tara ƙattin nan, wa ke ciyar da su? Yac ce akwai mai wannan aikin, furodusa. Wanda yas shirya wanga, in ji shi, tun yana saurayi yake hidimar 'yan faɗa har furfura, ba a ganin fuskarshi, amma duk ƙasarsu an san sunanshi. Nan take nat tuna da kai.

Gab da samun 'yancin kai, kai kab bi masu majigi da magiya har sunka yarda su ɗauki damben mahauta. Kai kas share fili bayan Ƙofar Taramniya, kan nemo makaɗa, kac ciyar da baƙi. Da hannunka kan naɗe min zare a dama, kana cewa, "Isa, fuskanci rana, na'urar ba ta gani a inuwa."

Ran da anka haska fim ɗin, gari duk yaf fito. Da nak kada abokin karawata a jikin farin ƙyalle, makaɗi yay yi ta kiran sunana. Ka san al'adarsu, ba su wasa wanda bai shiga fili ba. Kai kana can baya, riƙe da igiyar ƙyallen kada iska ta kwashe shi. Ko kallon ba ka samu ba.

Fim ɗin ya ɓace, waɗanda sunka san wahalarka sun bi ka. Har yau in na ratsa kasuwa ana nuna ni, jikokinka kuwa mai sayar da fata kawai sunka san ka. Abin na cin raina, Yaya.

Yanzu wasu masu fim sun same ni a Ƙofar Dundaye, suna son tarihin dambe daga bakina. Nac ce ba ni cewa uffan sai sunanka ya fito farko, da manyan baƙaƙe. Sunka ce ba haka tsari yake ba. Nak kwanta nab ba su baya. Sun tafi, sun dawo, sun rubuta. Sai da nas sa liman ya karanta min, sannan mai shayi ya karanta daban, don ban yarda da baki ɗaya ba. Dukansu sunka ce sunan farko a takardar: Ummaru mai fata.

Allah Ya haskaka kabarinka, Ya yafe mana, Ya sada mu a Aljanna.

Ƙanenka mai taurin kai,
Isa