Kwanon Wutarka Yana Nan, Bube

Zuwa ga aminina Bube,

Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan Allah ya sa kana cikin rahama inda ka riga mu.

Abin da ya sa na ɗauki alƙalami shi ne jikokinka. Duk wanda ya tambaye su sana'ar kakansu sai su ce dillalin shanu ne. Kai da ko akuya ba ka iya tayawa ba! Kunyarka suke ji, kuma cikin waɗanda suka ga wasanka saura ni da matarka Dije.

Aji ɗaya muka zauna. Aka ba da mulkin kai, na zama akawun En'e a Tambuwal, ina ganin ƙasar ta zama tamu. Kai kuwa ka bi mota zuwa Ikko, ka dawo da gashi buzu-buzu, da riga mai madubai, da jita mai aiki da batirin mota, tana kuka kamar kura ta sha duka. Ba ka wasa kowa ba, ba ka roƙi kowa ba. Waƙarka ta taurari ce da mafarki da kogi mai gudu sama. Mutane suka rasa inda za su aje ka. Wasu suka ce bori ne, har mata na zuwa neman magani.

Ka tuna ranar kasuwar Kebbe? Bayan la'asar ka shafa farar ƙasa a fuska, ka ɗora kwano a ka, da tsumma da kananzir a ciki, ka ƙyasta ashana. Kana buɗe baki wata Bafillatana mai tallar nono ta kurma ihu, "Wayyo, bawan Allah na ƙonewa!" Ta juye maka ƙwaryarta duka. Kana tsaye nono na ɗiga daga gemunka ka ce, "Wagga ita ɗai ta damu da ni cikin garin ga." Kafin damina ka aure ta, Dije ke nan.

Ni da na bi hanyar da aka ce ita ce ta mutunci, ga ni nan, waɗanda na rubuta wa jawabi ko sunana ba su riƙe ba. Kai ka cika fili a Kaduna, aka daina yayinka, ka dawo gida Fakku ka yi noma kana dariya.

Jiya na je gaida Dije. Na tarar da mai sayen tsoffin ƙarafa a ƙofar gida, jikanka babba ya miƙa masa kwanon. Tsohuwar nan da ba ta iya miƙewa sai da sanda ta fizge shi. A cikinsa take ɗebo garwashi kowace safiya, ashe. Ta zaunar da yaran, ta ce in gaya musu ko kai wane ne.

Na gaya musu, Bube. Har waƙar kogin na rera, da wannan muryar tawa.

Allah ya haskaka kabarinka, ya sa wutar kwanon nan ita kaɗai ce wutar da za ta taɓa ka.

Naka har mu sadu,
Akawu