Rumbun Wutar Da Aka Ce Za A Gina A Arkilla

Zuwa ga Injiniya Ishaya, ɗan marigayi Malam Bulus,

Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina fata wannan takarda za ta same ka cikin ƙoshin lafiya, kai da iyalinka, a duk ƙasar da Allah ya ajiye ka. Ni ne Umaru na Ƙofar Atiku, in sunan bai ɓace maka ba. Na ba jarida wannan wasiƙa ne don ba ni da adireshinka. Na tambayi 'yan cocinku, na tambayi waɗanda kuka yi harka tare a Legas, kowa sai ya ce rabonsa da kai ya daɗe. Wataƙila wani da ya san inda kake ya karanta, ya yanke ta ya aika maka. Sauran masu karatu su yi mini haƙuri, maganar cikin gida ce ta fito waje.

Na sa maka Injiniya a sama domin haƙƙinka ne, ka yi karatunsa. Amma daga nan Ishaya zan kira ka, yadda Baba, mahaifina, yake kiranka.

Ba ka manta gidan Baba da mahaifinka ya kama haya ba, lokacin da aka kawo shi Sakkwato koyarwa. Katanga ɗaya ta raba mu da ku, ita ma gajera ce. Ta kanta mahaifiyarka, Mama Saratu, take miƙo mana gwate, Innata kuma ta miƙa muku fura. Benci ɗaya muka zauna a makaranta. Ka fi ni lissafi nesa ba kusa ba, kuma ban taɓa jin haushi ba, don ni a ganina kanka namu ne mu duka. Da kuɗin mai ya buɗe, gwamnati ta shiga tura yara karatu ƙasar waje, sunanka ya fito. Ni na tsaya gida na zama malamin kimiyya a sakandare. Baba da kansa ya raka ka tashar mota, a ranar kasuwa, shi da ba ya barin rumfar hatsinsa ko da zazzaɓi yake.

Hutunka na farko ya faɗo cikin bazara. An ɗauke wuta tun safe, famfo ya ƙafe, injin niƙan Baba ya tsaya, mata suna zaune a ƙofar shago da kwanonin gero suna fifita da gefen zane. Muna zaure kai da ni da Baba, sai ya tambaye ka wai me kake karantawa can da zai hana irin wannan. Ka shiga cikin gida ka ɗauko gammon da Inna take ɗaukar tulu da shi, ka aza a kan tabarma.

Ka ce akwai wata irin waya wadda in an sanyaya ta ƙwarai, sanyin da ƙanƙara ba komai ba ce a kansa, wutar lantarki tana bi ta cikinta ba abin da zai tare ta. Ba ta zafi, ba ta raguwa. In an naɗe wannan waya kamar gammo, ƙaton gammo, aka binne shi a ƙasa cikin sanyinsa, aka zuba masa wuta lokacin da take da yawa, sai ta yi ta zagayawa a ciki, ƙarfinta yana zaune kamar na maganaɗisu. Da zarar tashar wuta ta gaza, kafin ƙiftawar ido a saki wadda aka tara, gari bai ma san an yi ba.

Baba ya daɗe yana duban gammon. Sannan ya ce, "Wanga abu ai rumbu na, Ishaya. Ashe wuta ma ana yi mata rumbu."

Ka yi dariya har da hawaye. Amma ka gaya masa gaskiya a ranar, ban manta ba. Ka ce ko Turawan ba su gama gano kansa ba, ana dai gwadawa ne a jami'o'i. Ka ce ba aikin gobe ba ne, sai an fara da ɗan ƙarami, a koyar da yara a kansa, wataƙila ma jikokinmu ne za su ci moriyarsa. Wannan rashin cika bakin shi ya sa muka yarda da kai.

Daga wannan shekara duk ajin da na koyar sai na kai musu gammo. Nakan ce musu akwai ɗan garin nan da yake can yana koyon wannan aiki, kuma zai dawo. Har yara suka sa mini suna Malam Gammo. Ina jin su, ina yi kamar ban ji ba, a raina kuwa daɗi nake ji.

Ka dawo da digirinka, Malam Bulus bai rayu ya gani ba. Ka ce mana ka yi magana da manya a ma'aikata, sun ce in ka sami fili ka kafa cibiyar bincike, za su ba ka lasisin shigo da kayan aiki ba tare da biyan kwastan ba. Filin ne babu. Lokacin Arkilla, can bayan gari, duk gonaki ne, kuma can gonar Baba take, wadda ya gada wurin mahaifinsa, wadda geronta muka ci muka girma. Yaya Sani, babban wanmu, ya ce bai yarda ba. Ya ce a ba ka aro dai, kada a ba ka kyauta. Baba ya dube shi ya ce, "Da Umaru na ba, mi za ka cewa? To Ishaya ma ɗana na." A gaban mai unguwa da shaidu ya mallaka maka ita. Ka durƙusa ka riƙe hannunsa, kana kuka. Na sha tuna kukan nan, Ishaya. Har yau ban san na mene ne ba.

Aka kewaye gonar da waya, aka kafa allo mai sunan cibiyar ajiyar lantarki, aka haƙa ƙaton rami a tsakiya. Mutane sukan zo a kan keke don kawai su leƙa ramin.

Da labari ya iso cewa kaya sun baro Legas, ka ce mini kada in wahalar da kaina, kai za ka kira ni in an shirya komai. Ni kuwa zumuɗi bai bar ni ba. Da na ji tireloli sun sauka, na roƙi shugaban makaranta motar ɗalibai, na kwashi 'yan ajin ƙarshe gaba ɗaya, muka nufi Arkilla da hantsi. A hanya ina ta yi musu bayani, ina cewa su kula kada wanda ya taɓa komai.

Muka tarar da kai tsaye da wani Alhaji ɗan kwangila wanda ban taɓa gani ba, lebura suna ɓanɓare akwatunan katako. Akwati na farko janareto ne. Na biyu ma janareto. Manya da ƙanana, sababbi fil, suna warin fenti da man giris, an jera su tun daga bakin ramin har ƙofa. Na yi ta bin layin ina dubawa ko akwai akwati ɗaya da ya bambanta. Babu. Ɗalibaina suna tsaye a rana, duk ni suke kallo.

Ka ja ni bayan tirela. Ka ce, "Umaru, ka buɗe idonka mana. Ƙasar da ta kasa riƙe wutar da take da ita, ita ce za ta riƙe irin wannan sanyi? Wa zai riƙa kawo mini ruwan sanyayawar har Sakkwato? Bari in sayar da waɗannan tukuna, in na tsaya da ƙafafuna sai mu koma kan binciken."

Na ce maka yaushe ka gane ba zai yiwu ba.

Ka dubi ƙasa. Ka ce, "Tun kafin in dawo."

Wannan kalmar ce ta raba ni da kai, ba janaretocin ba. Da ka zo ka ce mana abin ya fi ƙarfin ƙasarmu a yanzu, wallahi da mun taya ka baƙin ciki. Da ka ce wa Baba wurin ajiyar kaya kake so, ai ɗan kasuwa ne, ya san ciniki ba abin kunya ba ne, da wataƙila ya ba ka rumfa a cikin gari ya haɗa ka da masu saye. Amma ka zauna a zaurensa, ka ci tuwonsa, ka bar shi ya saɓa da babban ɗansa saboda kai, alhali ka riga ka san allon da ramin duk don lasisi ne. Kuma ka dubi sana'ar da ka zaɓa. Kai da ka tafi koyon yadda za a daina ɗauke mana wuta, ka dawo ka kafa kasuwar da ba ta ci sai an ɗauke ta.

Ban san ko an gaya maka abin da Mama Saratu ta yi ba. Washegari ta zo Ƙofar Atiku a ƙafa daga Minanata, inda kuka koma. Ta tuɓe takalmanta tun daga waje, ta shiga zaure ta durƙusa a gaban Baba, abokan cinikinsa suna zaune. Baba ya ce, "Tashi, Saratu. Ba ke kiy yi ba. Ɗanmu yay yi, ni da ke." Daga ranar bai sake ambaton gonar ba, bai kuma sake ambaton sunanka ba.

Ka dai tuna janareton da ka aiko masa da direba, wai ya haɗa da injin niƙa. Bai bari an sauke shi daga mota ba. Ya ci gaba da jiran wuta kamar kowa, har masu kawo niƙa suka koma inda ake da injin mai, ya gaji ya sayar da nasa. Da ya rasu ba ka zo ba, gaisuwa ka aiko a bakin wani. Wajen rabon gado Yaya Sani ya ce ni na kawo ka, ni na cinye musu gona. Tun daga nan ba ya shiga gidana, ba na shiga nasa, sai dai mu haɗu a jana'iza mu gaisa kamar maƙwabtan rumfa.

Sauran ka fi ni sani. Ka yanka gonar fuloti-fuloti ka sayar, lokacin da gari ya fara miƙewa wajen. Sojoji suka sake karɓar mulki, aka fara binciken masu lasisi, ka hau jirgi. Mama a bakin mutane ta ji ka bar ƙasar.

Na daina kai gammo aji. In darasin maganaɗisu ya zo, nakan koyar da abin da ke cikin littafi in wuce. Sai kwanan baya wani tsohon ɗalibina, cikin waɗanda suka tsaya a rana ranar nan, wanda yanzu yake koyarwa a jami'a, ya zo gaishe ni. Ya ce mini a can waje an ƙera ƙananan irin abin nan, suna aiki, suna tsare wa masana'antu wuta in ta yi rawa. Yana murna yake gaya mini, yana cewa ashe Malam ba tatsuniya ya yi mana ba. Na yi masa godiya. Da ya tafi na shiga ɗaki na rufe ƙofa. Na yi shekaru ina lallashin kaina da cewa dama mafarki ne, ba wanda zai iya. Ashe abin gaskiya ne, kuma mun haifi wanda ya san shi.

Amma ba don wannan na ɗauki alƙalami ba, ɗan'uwana.

Mama ba ta da lafiya. Idanunta sun daɗe da tafiya, yanzu kuma zuciya ce. Da ta kasa yi wa kanta girki, Hauwa matata ta ce ba za mu bar ta ita kaɗai a Minanata ba, muka ɗauko ta. Tana ɗakin da Inna ta zauna. Ran Lahadi nakan kai ta ƙofar coci, matan zumunta su karɓe ta, in zauna a gindin dogon yaro har a tashi. Makonnin nan ko wannan ta kasa, su suke zuwa su yi mata waƙa a tsakar gida.

Ba ta taɓa zaginka ba, ba ta kuma taɓa cewa a nemo ka ba. Sai dai duk motar da ta tsaya a ƙofar gida takan ɗaga kai ta saurara. Kwanan nan kuma ta fara ruɗa muryata da taka. In na shiga gaishe ta sai ta laluba hannuna ta ce, "Ishaya, ka ci abinci?" Nakan ce na ci, Mama. Hauwa ta ce in daina, ƙarya ce. Na kasa dainawa. Amma kuma na gaji da amsa sunanka.

Ba zan ce maka na yafe ba, don ban yafe ba tukuna, kuma kai ka san ba na iya ɓoye abin da ke raina. Amma ka zo. Ba wanda zai tare ka da maganar gona. Saboda wannan na taka har gidan Yaya Sani, na yi sallama a ƙofar da na yi shekaru ban tsaya ba. Ya bar ni tsaye na ɗan lokaci, sannan ya sa aka shimfiɗa mini tabarma. Da na gama bayani ya ce, "Shi zo ya ga uwarshi. In ya so ni zan tarbo shi a tasha."

Likita bai ba mu dogon lokaci ba. In kunya ce ta riƙe ka, ka zo da ita, akwai wurin kwana.

Allah ya jiƙan Baba da Inna, ya sa iyayenmu duka su huta. Allah ya sassauta wa Mama, ya ara mata kwana har ta ji muryarka ta gaskiya. Allah ya tsare ka a hanya, ya kuma wanke mini zuciyata daga abin da na kasa wankewa da kaina.

Ni ne ɗan'uwanka na bayan katanga,
Umaru,
Ƙofar Atiku, Sakkwato.