Abin da Ya Sami Auta a Gaban Kyamarata

Zuwa ga Yayata,

Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina fatan kina lafiya, ke da maigidan da yara. Allah ya ƙara miki sauƙin ciwon ƙafar nan. Mu nan Inna lafiyarta ƙalau, sai dai ba ta san abin da zan faɗa miki ba, ta ɗauka Auta ya yi tafiya ne.

Yau kwanan Auta biyar a asibiti. Kin san ni na roƙi darakta ya sa shi a fim ɗin da nake ɗauka. Ranar Talata da hantsi aka zo wurin da zai fizge jakar wata 'yar wasa a bakin kasuwa ya ruga. Na ce a sanar da 'yan kasuwa, darakta ya ce in sun sani za su yi ta kallon kyamara su ɓata aikin. Ban ja da shi ba. Na hau benen wani tela na kafa kyamara ta taga.

Matar na kurma ihu, wani mai faskare ya tare Auta da itace a ƙwauri. Yana faɗuwa aka rufe shi da duka, wasu da benci, wasu da duwatsu. Akwai makirufo a rigarsa, don haka a kunnena na ji karyewar hannunsa, na ji yana cewa wasa ne, yana kiran sunana. Har an kawo taya da fetur, sai matar ta faɗa kansa tana rantsuwa fim ne. Ita ma an fasa mata kai. Likita ya ce haƙarƙarin Auta uku sun karye, idon hagu kuwa sai addu'a.

Yaya, ban sauko da wuri ba. Shekara goma sha ɗaya hannuna bai saba tsayawa ba sai darakta ya ce a yanke ɗauka. Da na duba abin da na ɗauka, minti biyu cur nake bin Auta da kyamara, har ina gyara hoton. Darakta ya ce bai taɓa ganin ɗauka mai kyanta ba, a sa ta a fim. Na fasa masa baki a gaban kowa, na kai wa 'yan sanda hoton.

Auta ya ɗauka ni na cece shi, kullum sai ya yi mini godiya. Don Allah ki zo, ina so kina wurin ranar da zan faɗa masa gaskiya.

Ki gaida maigidan, da Gwaggo, da takwarana.

Ƙaninki,
Mai Hoto