Amsar Sati na Tara

Baba,

Assalamu alaikum. Ina fatan ka tashi lafiya. Ya ƙafar?

Yaya ya ba ni labarin tukunyar da ka manta a kan wuta har maƙwabta suka ɓalle ƙofa. Ya ce lallai ka dawo wurina da zama. Tun rasuwar Inna ba abin da ke yi min zafi ko sanyi.

Na karɓi sharaɗinka: duk sati in aiko maka da lissafi ɗaya, ranar da ka faɗi ka kulle gidan ka biyo ni. Shekara talatin kana yi wa 'ya'yan mutane jarrabawa, yau ga ta a ƙofarka.

Na farko: 5x + 3 = 2x + 21.

Ka huta lafiya.
'Yarka

Uwata,

Wa alaikumus salam. Ƙafa da sauƙi.

Wannan ai raini ne. Cire 2x daga kowane ɓangare, saura 3x + 3 = 21. Cire uku, 3x = 18, x shida ke nan. Na mayar da shidan cikin tambayar: hagu 33, dama 33. Wanda bai gwada amsarsa ba bai gama lissafi ba. Ki gaya wa yayanki tukunya ce ta ƙone, ba kaina ba.

Duk digirinki, rubutunki yana nan kamar tonon kaji.

Allah ya yi miki albarka.
Babanki

Yaya,

Gaisuwa mai yawa, a gaida yara.

Sati takwas Baba bai faɗi ko ɗaya ba. Lissafin sati na tara shi ne 7x − 4 = 3x + 16. Ya ƙetarar da 3x zuwa hagu bai sauya mata alama ba, ya rubuta 10x = 20, ya ce x biyu ne. Biyar ne. Ka tuna, a kan wannan kuskuren ya taɓa hana ka fita ƙwallo sati guda. Layin gwada amsa kuma babu shi, karon farko.

A ofis na karanta. Na sa takardar a aljihun tebur, na shiga taro a kan wanda ke shanye tawadar injin buga takardu. Har shawara na bayar, aka ce ta yi ma'ana. Da na fito na ɗauki jan biro na rubuta masa "Daidai", na aika.

Kada ka tambaye ni dalili. Takalman Inna suna nan a bakin ƙofarsa, kullum sai ya share ƙarƙashinsu ya mayar. Ɗakin da na gyara masa kuwa, tagarsa bangon maƙwabci take kallo.

Wannan tsakaninmu ne.
Ƙanwarka

Uwata,

Sallama.

Takardata ta dawo da jan bironki. Na ga ban gwada ba, sai na gwada: hagu 10, dama 22. Sau uku na yi.

Sifili biyu ke nan, ɗaya nawa, ɗaya naki. Ban koya miki ba da maki don tausayi ba.

Ki zo ranar Asabar. Akwati biyu sun isa. Takalman Innarki ni zan ɗauka da hannuna.

Allah ya yi miki albarka.
Babanki