Rubutun Gefen Shafi

Ranar Talata

Zuwa ga Maman yara,

Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri. Yaya jikinki, yaya gwiwar nan? Ina fatan kina shan maganin hawan jini a kan lokaci, ba sai kai ya fara sara ba. Yaya babbar yarinya da maigidanta, da jikokin da ban san muryarsu ba? In kin tambayi lafiyata, ina nan yadda kika bar ni, sai haƙori ɗaya da ya bi sahunki ya tafi.

Tunda ba kya ɗaga wayata, na koma ga takarda. Jiya aka kawo mini saƙo daga gidan yari, da rubutun Auta. Shekara biyu da wata uku ke nan da yanke masa hukunci, bai taɓa sa sunana a jerin masu ziyararsa ba. Naki na nan, na yayarsa na nan, har na maigidansa na gareji. Saƙon layi uku ne, babu ko sallama. Littattafai uku yake so daga kantata: jan nan mai bayanin yadda fushi ke kai hannu ga duka, da mai shuɗin bango a kan yaran da ke tashi su zama masu laifi, da mai kaurin nan da bangonsa ya cire. Kin san su. Ke kike kakkaɓe su kina cewa sun fi ki samun hirata.

Shekara talatin da ɗaya ina koyar da gandirobobi halayyar masu laifi daga littattafan nan. Da aka sallame ni, agogon bango aka ba ni, ya tsaya kafin shekara. Na kai littattafan kyauta ɗakin karatu na makarantar horar da gandirobobi, wani mai sabon tabarau ya ce sun tsufa, yanzu komai yana cikin waya. Ashe mai karatu ɗaya ya rage musu a duniya, shi ma yana kulle.

Yau da hantsi na kai su. Gandiroban da ke ƙofa tsohon ɗalibina ne, ya yi tumbi ya samu igiya uku a hannun kaki. Ya rusuna ya gaishe ni, ya buɗe littattafan, sannan ya turo mini su. Wai littafin da ke da rubutun hannu ba ya shiga. Na fara faɗa, ya ce, “Malam, ai kai ka koya mana.” Gaskiyarsa. Ni na rubuta dokar da hannuna, shekarar da aka kama ana aika saƙo a gefen shafi. An ce a gina ramin mugunta gajere, ni kuwa na zurfafa nawa.

Na sayi robar goge fensir guda biyar. In littattafan suka shiga, wataƙila sunana ya bi bayansu. Kada ki gaya masa na yi murna.

Ki gaida kowa.

Ni ne,
Baban yara

Ranar Lahadi

Maman yara,

Ina gaisuwa. Ina fatan kin tashi lafiya, gwiwa kuma ta yi sauƙi. Ban ga amsa ba, ban kuma sa rai ba.

Kwana biyar ina guga. Teburin cin abinci ya cika da ɓurɓushin roba, a kansa nake ajiye kwano, ba mai cewa in share. Na zaci maganganun aji zan tarar, irin “a tambayi ɗalibai” da “wannan ƙarya ce”. Akwai su. Amma akwai wani rubutun da na manta na yi.

A shafin da ke maganar yaron da ba ya kuka idan an hore shi, na rubuta: “A., shekara shida. Ko ɗigon hawaye. A lura.” A babin muguntar yara ga dabbobi: “A., shekara takwas. Ya jefi kyanwar maƙwabta, ta karye.” A wani wurin: “A., sha ɗaya. Ƙarya, ido cikin ido.” Kowanne da kwanan wata, tsaf, kamar fayil ɗin fursuna. Na ƙirga ɗari da arba’in da biyu a littattafai biyu. Babu ko ɗaya a kan yayarsa.

Na san abin da za ki ce. To amma ki gaya mini, ƙarya na rubuta? Mutumin da Auta ya buga wa ƙarfe a gareji yana nan yana yawo da ido ɗaya. Littafin bai yi kuskure ba, ni ma ban yi ba. Abin da na faɗa ke nan ranar da aka zo da labarin, cewa na daɗe da sanin haka za ta faru, kika dube ni kamar kin ga maciji a ɗaki, kika haɗa kayanki. Ban je kotu ba don na san ƙarshen shari’ar tun yana firamare. Har yau ban ga laifin mutumin da ya hango ruwa ya ce za a jiƙe ba.

Sai dai maganar kyanwar ta tsaya mini a wuya. Ina cikin gogewa na tuna ’yan shilar da yake kiwo a bayan ɗaki, waɗanda kyanwar ta cinye a gabansa. Wannan ban rubuta ba. Babin ba ya bukatarsa.

Takardar ta tsufa, in na danna sai ta yage. Littafi na uku kuwa da biro na yi masa rubutu. Na gwada kankarewa da reza, na huda shafi biyu, na haƙura. Jiya na kai biyun, fes, kamar ba a taɓa karanta su ba. Ɗalibin nawa ya bi su shafi-shafi ya karɓa. Na ɗan tsaya a bakin ƙofa ina kallon masu ziyara da ledojinsu, sannan na hau motar gida.

Gara Auta ya karanta masana, ba sai ya ga nawa ba.

Ki huta lafiya.

Baban yara

Ranar Litinin

Maman yara,

Gaisuwa da fatan kina lafiya, ke da duk mutanen gidan. Ni dai ba na jin daɗin jikina, amma ba ciwon asibiti ba ne.

An dawo da littattafan. Ko kwana bakwai ba su yi ba. A cikin jan akwai ’yar takarda, zan kwafe miki ita yadda take:

“Ba abin da masu littafin suka rubuta nake nema ba. Naka nake nema. Na karanta shi ina shekara sha uku, ranar da ka aike ni ɗakinka in ɗauko maka tabarau. Na ga harafin sunana, na bi shi har bango. Bayan nan duk wata nakan shiga in duba abin da aka ƙara. Ina so in sake gani yanzu, in san ko rubutun ne ya bi ni ko ni na bi rubutun. Ka goge.”

Kin sani? Ina tambayarki da girman Allah, kin san yana shiga ɗakin? Shekara sha uku. Ina zaune da shi a tebur ɗaya ina nazarinsa, ashe shi ma yana karanta sakamakon. Na koya wa ɗaruruwan mutane cewa in ka kira yaro da suna sau dubu zai amsa, yana cikin babi na tara na mai shuɗin bangon, na ja masa layi biyu. A gefen wannan layin ma na sa harafinsa.

Abu ɗaya ya roƙe ni cikin shekara biyu, na kwana biyar ina lalata shi.

Amma fensir yana barin gurbi. In na karkata shafi wajen taga da safe, kafin rana ta yi sama, ina iya karanta sawun rubutun. Na biro kuwa yana nan daram. Littafi mai rubutu ba ya shiga, amma wasiƙa tana shiga, sai dai a karanta ta a ƙofa. Don haka na fara kwafe su ɗaya bayan ɗaya a takarda, da kwanan watansu. Ɗalibaina za su karanta. Su karanta.

Ga inda na maƙale. Na raba takardar biyu. A dama abin da na rubuta ya yi, a hagu abin da ya faru kafin ya yi. Ɓangaren dama ya cika, na hagu kusan fari ne. Ranar da bai yi kuka ba yana shekara shida, na tuna bel ɗina ne, amma na kasa tuna laifin. Ranar ƙaryar, ban san abin da yake tsoro ba. Na adana duk abin da ya yi, ban adana ko ɗaya daga nawa ba.

Ke kina wurin. Ke kike shafa masa man zafi. Ban taɓa roƙonki komai ba, kin san halina. Na haɗo miki kwafin kwanakin. Ki rubuta abin da kika tuna a gaban kowanne, kada ki rage, kada ki tausaya mini.

Ki gaida babbar yarinya, in za ta amsa.

Baban yara

Ranar Asabar

Maman yara,

Ina gaisuwa, ina kuma godiya. Yaya gwiwa? Takardarki ta iso tun makonni uku da suka wuce, shafi shida, babu gaisuwa a sama babu suna a ƙasa. Ban san kina da irin wannan riƙon ba. Sau biyu na ajiye ta na fita tsakar gida. Maganar ranar rabon sakamako, da ya zo na uku na tambaye shi wajen wa ya kwafa, wallahi na manta da ita sam. Ban musa ko ɗaya ba. Na kwafe duka a hagu da hannuna, ya zama shafi goma sha tara, na kai.

Ɗalibin nawa ya karanta a gabana, kamar yadda doka ta ce. Ya daɗe. Da ya gama bai ɗago ya dube ni ba, ya buga hatimi kawai.

Shekaranjiya ya kira ni ya ce sunana ya fito a jeri. Yau na yi aski, na sa rigar da kika ce tana rage mini shekaru, na isa tun kafin a buɗe ƙofa. Ya nuna mini takardar. Sunana ne cikakke, da rubutun Auta. Amma a gabansa akwai gurbin da ake rubuta dangantaka, naki an sa uwa, na yarinya an sa yaya, nawa ba a sa komai ba. Ba a shiga sai an cike. Ya miƙo mini biro a hankali, ya ce in rubuta kawai, shi bai gani ba.

Na riƙe biron. Kalma ɗaya ce, kuma ba ƙarya ba ce. Amma na mayar masa. Na ce na yi wa yaron nan rubutu ya isa, a kai masa ya cike da kansa.

Aka shiga da takardar. Na zauna a benci tsakanin wata tsohuwa mai ledar sabulu da wata mai goyo. Aka kira su, suka shiga, suka fito. Aka kaɗa ƙararrawar tashi. Sai ga takardar ta dawo. Gurbin yana nan fari. Sunan kuma yana nan, Auta bai soke shi ba.

Na tambayi ɗalibin nawa ko jerin yana aiki har mako mai zuwa. Ya ce yana aiki har sai mai shi ya soke. Na ce to, a ajiye mini wurina a bencin.

In kin je ranar Laraba, kada ki roƙe shi a kaina.

Ki kula da kanki.

Ni ne.